Godiya bayan kare kundina

Alhamdu lillahi. Jiya na kare kundin digirina na biyu a nan Warsaw, babban birnin Poland, malamai kuma sun amince da shi. Shekara biyu ke nan ina bin sawun mutum ɗaya, Jerzy Stefan Stawiński, marubucin labarin fim da ya rayu daga 1921 zuwa 2010.

Godiyata ta farko ga malamar da ta duba aikin. Da na zo mata, sunan darakta Andrzej Wajda kaɗai na sani, kamar kowa. Ita ta tambaye ni wa ya rubuta Kanał, fim ɗin Wajda da ya samo lambar yabo a bikin finafinai na Cannes a 1957. Na yi shiru. Daga wannan shirun aikin ya faro. Ashe marubucin da kansa ya yi yaƙi a boren Warsaw na 1944, wanda aka yi kwana 63 ana gwabzawa da sojojin Jamus. Da unguwar Mokotów ta kusa faɗuwa, ya bi ta magudanan ƙazanta na ƙarƙashin ƙasa tare da mayaƙansa. Duhun da ke cikin fim ɗin nan, shi ya fara shigarsa kafin ya rubuta shi. Zaman da ya yi a sansanin fursunonin yaƙi na Murnau ma ya fito a fim ɗin Eroica, wanda Andrzej Munk ya ba da umarni. Har yau yana damuna yadda ake yabon waɗannan finafinan ba tare da an ambaci mai alƙalamin ba.

Ɗaliban Hausa na Jami'ar Warsaw, ban san da bakin da zan gode muku ba. Kun zauna da ni dare da yawa kuna warware mini Folanci, ni kuma ina biyan ku da karin magana. Na gode wa ma'aikatan ɗakin adana finafinai da suka jure yawan zaryata.

Baba, Inna, addu'arku ce ta riƙe ni a sanyin da ban taɓa jin irinsa ba. Yaya, kai ka biya kuɗin jirgin farko, ban manta ba. Uwargida kuwa, haƙurin da kika yi da yara sai dai Allah ya biya ki.

Allah ya saka wa kowa da alheri. In Allah ya yarda, ƙarshen wata ina hanyar gida.