Yaron cikin ganga

Talata. Ba a kawo wuta ba sai bayan la'asar. Gugar Yaya tana nan jibge, sai gobe.

Auta ne ya jawo mini abin da ya hana ni sukuni yau. Ya shigo da waya yana ƙyalƙyala dariya, wai in zo in ga wani tsohon wasan barkwanci na ƙasar Meziko, El Chavo del Ocho. Ko kalma ɗaya ta Sifaniyanci ba ma ji, amma tsakar gidan haya ce sak irin tamu. Mai gida ya zo karɓar kuɗi, wani ɗan haya, Don Ramón, yana zillewa, Auta ya ce bashin wata 14 ake bin sa. Na yi dariya har da hawaye.

Inna ta leƙo, ta ga babban mutum ne ya fito a matsayin yaron wasan, ta ce, "Wannan ƙaton ne yaron? Ba ya jin kunya?"

Na ce, "Inna, ai shi ya rubuta wasan da kansa."

Ta ce, "To ya ba yaro ya yi mana." Ta koma kan tuwonta.

Maganar ta tsaya mini a rai, har na zauna na karanta tarihinsa. Roberto Gómez Bolaños, haihuwar 1929. Injiniya ya karanta, ya ɓuge da aiki a kamfanin talla, daga nan ya yi shekaru yana rubuta wa wasu 'yan wasan barkwanci biyu, Viruta da Capulina, abin da za su faɗa, su ake yi wa tafi. Wani darakta, Agustín Delgado, ya laƙaba masa Chespirito, wato ƙaramin Shakespeare, saboda gajere ne kuma alƙalaminsa na ci. Sai da ya haura 40 ya sa hular maraya ɗan shekara 8 mai ɓuya a ganga, wanda kullum idonsa na kan abin da wasu ke ci. Ya rasu a 2014.

Ni dai ban yarda da Inna ba. Da yaro na gaske aka sa ya riƙe ciki haka, wallahi ba mai iya dariya. Babba ne ya yi, shi ya sa muka iya kallo, sai an kashe waya abin ya dawo wa mutum.

Da magariba almajirinmu ya yi sallama sau biyu ina kan kallo. Kafin in fito Auta ya kankare tukunya. Na ce masa ya dawo da safe akwai koko. Ya ce to, ya kifa robarsa a ka ya fita.