Baƙin ƙyalle da shuɗin ido: daga Pasco zuwa Los Angeles

"Kawu, wai me aka ajiye maka a Pasco?"

Abin da ɗan ƙanwata ya fara tambayata ke nan da na ce ya yanko mana tikitin jirgin ƙasa. Shekararsa uku yana karatu a Portland, bai taɓa jin wanda ya ɗauki ƙafa ya je garin don buɗe ido ba. Na ce masa garin malamina ne. Ya ce, "Malaminka kuma? A Amurka?" Na ce ai ya rasu tun 1976, ko ganinsa ban taɓa yi ba. Amma shekara ashirin ina saɓe da kyamara a gidajen biki da suna, kuma ɗan abin da na sani game da inuwa, a finafinansa na tsinta. Sunansa James Wong Howe.

Da la'asar sakaliya jirgin ya tashi, ya tsallaka zuwa jihar Washington, ya kama gaɓar kogin Columbia bai sake ta ba. Da farko daji ne kore shar, itatuwa dogaye kamar za su taɓa gajimare. Muna cikin hira sai na lura dajin yana ƙarewa. Tsaunuka suka koma tsirara, ciyawa ta bushe ta yi launin ƙasa. Lokacin zafi ne, rana ba ta da niyyar faɗuwa, sai wajen ƙarfe tara magariba ta yi, daidai lokacin da muke sauka bayan tafiyar awa huɗu da 'yan kai.

Washegari na gane irin hasken da yaron ya tashi a cikinsa. Pasco busasshen wuri ne, kusa da inda kogin Snake ke zuba cikin Columbia, kuma ba don ban ruwa ba da babu gonar dankali ko ta albasa ko ɗaya. Rana tana dukan titi ƙwal, inuwar gini kuwa baƙa ƙirin, bakinta kamar da wuƙa aka yanka. Yau Sifaniyanci ka fi ji a shagunan titin Lewis. A 1904, da aka kawo shi yana ɗan shekara biyar daga Taishan ta lardin Guangdong a ƙasar Sin, garin na ma'aikatan layin dogo ne. Mahaifinsa ya yi wa kamfanin Northern Pacific aiki, daga baya ya buɗe kanti. Wong Tung Jim ake kiran yaron a gida. A nan ya sayi ƙaramar kyamarar Brownie, a nan kuma ya koyi dambe, don ɗan Sin a makarantar Turawa ta wancan zamani ba ya rasa mai tsokanarsa. Da uban ya rasu a 1914 sai ya bar garin, ya ɗan taɓa damben kuɗi, daga nan ya gangara kudu.

Mun zaga bakin tashar kaya, inda taragu ke jere ba iyaka. Ɗan ƙanwata ya gaji da tsayuwa ya ce, "To Kawu, shi ke nan?" Shi ke nan ɗin ne. Muka ci wainar masara da nama a wata rumfa, muka nemi jirgin sama.

A Los Angeles ban bi ta kan titin da aka shimfiɗa sunayen taurari ba. Wani tsohon ginin katako na nufa a titin Highland, daura da Hollywood Bowl. Asalinsa bargar dawakai ce, a cikinta Cecil B. DeMille da Jesse Lasky suka fara harkarsu ta shirya fim, yanzu an ɗauko ta daga mazauninta an mai da ta gidan tarihi. A kamfaninsu Howe ya samu shiga a 1917, da aikin shara. Daga tsintsiya ya koma mai riƙe allon da ake nuna wa kyamara kafin a fara ɗauka, sannan yaron mai kyamara. A gefe kuma yana ɗaukar 'yan wasa hoton kati don ya samu na cefane.

A nan labarin da ya kawo ni yake. Fim ɗin wancan lokaci ba kowane launi yake gani daidai ba: ja ya fito baƙi, shuɗi ya fito fari fat. Saboda haka mai shuɗin ido in ta fito a majigi sai ka ga kamar makauniya. Wata tauraruwa, Mary Miles Minter, tana fama da wannan. Howe ya ɗauke ta hoto, sai ga idanunta sun fito da duhu, da rai. Ta ce lallai shi zai riƙa ɗaukarta a fim. Shi kuwa bai san yadda aka yi ba! Sai da ya koma ya tsaya inda ya tsaya, ya duba, ya ga ashe akwai baƙin karammiski a bayansa, shi idon nata ya kwaso. Sai ya kafa ƙyallen a katako, ya huda tsakiya, ya zura idon kyamara. A 1923 ya zama cikakken mai ɗaukar fim.

Na daɗe tsaye gaban wata tsohuwar kyamara mai hannun juyawa ina dariya ni kaɗai. Mu namu ciwon kan akasin nasa ne. Ango baƙi, babbar riga fara sol, rana tsaka: in ka bi rigar fuska ta ɓace, in ka bi fuskar riga ta ƙone. Farin allo muke karawa a ƙasan haɓa. Shi baƙi ya kara. Dabarar dai guda ce, ido abin da ke gabansa yake ɗauka. Da muka fito na sa yaron ya tsaya a inuwa, na ɗaga farin hankici gabansa na ɗauka da waya, na sake ɗauka da baƙar jakata a wurin hankicin. Ya kalli hotunan biyu, ya faɗaɗa ƙwayar idonsa da yatsa, ya yi shiru.

Abokan aikinsa sun yi masa laƙabi da mai ƙarancin fitila, don ba ya tsoron barin rabin fuska cikin duhu. Damben Pasco ma bai tafi a banza ba. A fim ɗin Body and Soul na 1947 ya ɗaura takalmin taya, ya rungumi ƙaramar kyamara, ya shiga tsakanin 'yan damben yana zagaya su, har mai kallo ya ji kamar shi ake kai wa naushi. Ya ɗauki finafinai sama da 130. Sau goma ana sa sunansa a takarar Oscar, ya ci biyu: The Rose Tattoo na 1955 da Hud na 1963. A ganina na biyun ya fi, don sararin Texas da ya ɗauka a ciki fayau yake, ba gajimare ba ado, kamar wanda na baro a Pasco.

Abin da ya tsaya mini a rai shi ne ya shafe shekaru da dama yana wannan aiki ba shi da takardar zama ɗan ƙasa. Wata dokar Amurka ta 1882 ta hana Sinawa zama 'yan ƙasa, sai a 1943 aka soke ta. Ya auri marubuciya Sanora Babb a Paris a 1937, amma Kalifoniya ba ta san da auren ba, don ita Baturiya ce, sai da kotu ta rushe wannan doka a 1948. Lokacin yaƙin duniya na biyu kuwa har baji ya riƙa maƙalawa a ƙirji mai cewa shi ɗan Sin ne, kada a ɗauke shi Bajapane.

Ranar ƙarshe muka je maƙabartar Westwood. Sau biyu muna wuce ƙofar, don dogayen benayen titin Wilshire sun rufe ta ruf, ga ta kuma 'yar ƙarama. Duk wanda ya shigo wajen Marilyn Monroe yake nufa da furanni. Mu muka rabu biyu muna karanta sunaye ɗaya bayan ɗaya, har wuyana ya ƙage.

"Kawu, zo ga shi!"

Na ƙarasa, na ciro waya. Rana tana bugun rubutun, ƙyalli ya hana a karanta komai. Kafin in yi magana yaron ya tuɓe baƙar rigar da ya ɗora a sama, ya ware ta da hannu biyu a bayana. Haruffan suka fito, na ɗauka.