Na huɗunmu da bai kunna makirufo ba

Ɗazu da daddare ina buga PUBG Mobile, wasan harbe-harbe na waya, aka haɗa ni da wasu mutum uku da ban sani ba. Mu uku muna ta magana ta makirufo, na huɗunmu shiru. Da da'irar wasan, wato filin da dole kowa ya kasance a cikinsa, ta fara matsewa, na hango wani ɗan bindiga a kan tudu ya saita shi. Na yi ta ihu: "Ɗan'uwa, kwanta! Yana hannun damanka!" Ko juyawa bai yi ba, aka kayar da shi. Raina ya ɓaci, na yaɓa masa magana marar daɗi. Bayan na tayar da shi sai ga rubutu a gefen allo. Ya ce shi kurma ne, rubutu da alamomin taswira kaɗai yake bi.

Wallahi jikina ya yi sanyi. Daga nan na daina ihu, duk wanda na hango sai in danna masa alama, kuma muka kai cikin goman ƙarshe tare. Bai ji abin da na faɗa masa ba, amma sauran biyun sun ji, ni ma na ji. Har yanzu maganar tana damuna.