Idan waliyyi ya ƙi: hanyar da shari'a ta bar wa baliga

Namiji baligi ba ya buƙatar waliyyi kafin aurensa ya ɗauru. Ƙin amincewar mahaifinsa magana ce ta biyayya da neman albarka, ba ta ingancin aure ba. Inda igiyar take sarƙewa wajen mace ne, domin a mazhabar Malikiyya da kotunan Musulunci na Arewa suke hukunci da ita, babu aure sai da waliyyi, da sadakin da bai gaza rubu'in dinari ba, da shaidu biyu adalai.

Sai dai walicci amana ne, kuma fiƙihu yana da suna ga waliyyin da ya hana mace wanda ya dace da ita ba tare da hujja ba: aḍlu, wato tauyewa. Aya ta 232 cikin Suratul Baƙara ta sauka ne a kan Ma'aƙil bn Yasar, da ya hana 'yar'uwarsa komawa wurin tsohon mijinta. Dacewar da Malikiyya suke dubawa kuwa addini ne da kuɓuta daga aibobin da ke raba aure. Talauci, ko ƙabila, ko "ba mu san asalinsu ba", da wuya su tsaya a gaban alƙali su kaɗai.

Bazawara ba a aurar da ita sai ta furta yardarta. Idan ta kawo wanda ya dace, waliyyinta ya ƙi, alƙali zai umarce shi ya ɗaura, in ya cije alƙalin ya ɗaura da kansa. Haka ma budurwar da waliyyinta wa ne ko baffa, don waɗannan ba su da ikon tilastawa. Budurwar da mahaifinta yake raye ita ce mai aiki ja. Malikiyya sun ba uba ikon ijbari, wato aurar da ita ko ba da yardarta ba, kuma ba a ɗaukarsa mai tauyewa don ya kori manemi ɗaya ko biyu, sai an tabbatar cutarwa yake nufi ko dalilinsa ba na shari'a ba ne. Nan ne ƙara take iya faɗuwa, idan an je kotu da kuka ba da shaida ba.

Shi ya sa ake fara tara shaida tun daga gida. Manemi ya turo magabatansa a fili, a san ranar da suka zo da waɗanda suka tarbe su da amsar da aka ba su. A sa baffanni da limamin unguwa da mai unguwa su shiga, a jihohin da ke da Hisbah a kai maganar teburin sulhunsu. Ko sulhun bai yiwu ba, waɗannan mutanen su ne shaidun gobe. Daga nan ita macen, ba saurayin ba, ta shigar da ƙara a kotun Musulunci ko kotun yanki, a aika wa waliyyi sammaci ya zo ya faɗi dalilinsa. Wanda hukunci bai yi wa daɗi ba yana iya ɗaukakawa har Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta jiha, wadda sashe na 277 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba ta hurumin sha'anin aure. A Kano a riƙa tuna dokar 2024 ta gwajin lafiya kafin aure, a tanadi takardar tun da wuri.

Guduwa ita ce babbar ɓarna. Su tsere wani gari, wani malami ya ɗaura, alhali uba mai ikon ijbari yana nan: wannan aure warware shi ake yi ko an daɗe, saurayin kuma ya tsinci kansa a ofishin 'yan sanda bisa zargin sace 'yar mutane.

Auren rajista tsarinsa daban. Wanda ya kai shekara 21 ba ya buƙatar sa hannun iyaye, ƙasa da haka sai da rubutacciyar yardarsu. Ana liƙa sanarwa kwana 21, ɗaya daga cikin masu auren ya kasance ya zauna a yankin kwana 15, a ɗaura cikin wata uku. Dangi suna iya shigar da ƙin yarda a littafin magatakarda, amma alƙalin babbar kotu ne zai auna ko dalilin ya isa. Musulmi dai ya sani auren mace ɗaya ne, ƙara aure a kansa laifi ne, kuma takardar ba ta ɗauke sharaɗin waliyyi a addini.

Idan an kai ga kulle mace a ɗaki ko dukanta don ta janye, magana ta bar hurumin walicci. Sashe na 34 da na 35 na kundin sun kare mutunci da 'yancin walwala, kuma Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa da ƙungiyar mata lauyoyi ta FIDA suna karɓar irin wannan koke.