Shirun da na yanke

Lokacin da na fara aikin edita a fina-finan gaskiya, wato dokumantari, na ɗauka sauri shi ne gwaninta. Za a jibge maka hotunan awa 60 a ce ka tsamo awa ɗaya. Kowace daƙiƙa tana ɗauke da hoto 24 ko 25, kuma ko'ina kana iya sa almakashi. Babu rubutaccen labari da za ka bi kamar a fim na ƙirƙira. Sai an gama ɗauka ake lalubo labarin a gaban kwamfuta.

Wata tsohuwa ce ta gyara mini tunani, alhali ba mu taɓa haɗuwa ba. Ambaliya ta ci gidanta. A hirar da aka ba ni in tace, aka tambaye ta me ta fara ɗauka da ruwa ya shigo. Ta yi shiru na daƙiƙa 11 tana murza yatsunta, sannan ta ce, "Hoton ɗana." Na datse shirun, na rufe gurbin da hoton ruwa.

Wanda ya koya mini aiki ya kalla sau ɗaya ya ce, "Ina shirunta?"

Na ce, "Maigida, lokaci ya yi mana kaɗan."

Ya ce, "Mayar mata da abinta."

Da na mayar sai jikina ya yi sanyi. A cikin shirun nan ne mai kallo yake gane cewa yaron ba ya duniya. Ita ba ta faɗa da baki ba.

Daga baya na karanta gwajin da wani mai shirya fim, Lev Kuleshov, ya yi a Rasha wajen 1920. Hoton fuskar mutum ɗaya ya haɗa, bi da bi, da hoton kwanon miya, da na akwatin gawa, da na wata mace. Masu kallo suka ga yunwa, suka ga baƙin ciki, suka ga sha'awa, fuskar kuwa ba ta sauya ba. Abin ya tsorata ni, domin mu ba 'yan wasa muke yankawa ba. Mutane ne da suka buɗe mana cikinsu. Ina iya ɗauko rabin maganar safe in liƙa da rabin ta yamma, mutum ya faɗi abin da bai taɓa nufi ba, kuma da muryarsa. An sha neman in yi hakan don fim ya ƙara armashi. Na ƙi, har na rasa aiki sau ɗaya a kai.

Yanzu ba na taɓa hira sai na saurare ta daga farko har ƙarshe, da takarda a hannu, ina rubuta inda mai magana ya ja numfashi da inda ya kau da kai. Hirar awa uku takan cinye mini yini guda.