Na haɗa tarihin kansilolin mazaɓarmu, ashe mazaɓar da nake bi ta daɗe da mutuwa

Har yanzu in na ga kalandar nan a jingine bayan ƙofa raina sai ya ɓaci wallahi. Kuɗin ƙungiya ne, na matasan gari da suka yi karo-karo, muka buga ta da hotunan kansiloli jere reras da shekarar kowa a ƙasan hotonsa, yanzu ga ta nan ko rabawa ba mu iya yi ba.

Abin ya samo asali ne gab da zaɓen ƙananan hukumomi na Oktoban 2024 a nan Jigawa, da rigimar karɓa-karɓa ta tashi. Mutanen garinmu suna cewa sau ɗaya tak muka taɓa fitar da kansila, na ƙauyukan gabas suna cewa ƙarya ne mun ci mun ƙoshi, sai aka ce to a zo da tarihi a rubuce, ni kuma da yake ina koyarwa a firamare aka ɗora min. Tattara sunayen bai ba ni wahala ba, dattawa sun riƙe su kamar karatun allo. Zaɓen Disamban 1987 na Babangida wanda babu jam'iyya, na Disamban 1990 da aka yi tsakanin SDP mai doki da NRC inda mutane suka yi layi a bayan hoton ɗan takara aka ƙirga kawuna, na Abacha guda biyu, 1996 ba jam'iyya, 1997 da jam'iyyunsa biyar su UNCP da DPN, sai na 5 ga Disamba 1998 lokacin Abdulsalami. Duk na samu suna, na samu hoto, har da waɗanda suka rasu iyalansu suka ba ni.

Inda gizo yake saƙar shi ne sunan mazaɓar bai taɓa canzawa ba, amma ƙasar da ke ƙarƙashin sunan ta canza, ba sau ɗaya ba. Kuma babu wanda ya ce min uffan sai bayan an buga! Wani dattijo da ya yi malamin zaɓe tun zamanin FEDECO, tsohuwar hukumar zaɓe ta ƙasa, ne ya riƙe kalandar ya daɗe yana kallo, ya ce, "Malam, wannan na 1990 da ka sa, ai ba ku kuka zaɓe shi ba." Na ce Baba ya za a yi haka, ga sunan mazaɓa nan. Ya ce "yaro, a lokacin ku a wata mazaɓar kuke, rumfarku can ake kai ƙuri'arta."

Da na bi diddigi sai na ga gaskiyarsa. A 1990 ko jihar Jigawa babu, muna cikin Kano, sai 27 ga Agusta 1991 aka yanke ta, a shekarar kuma aka ƙara ƙananan hukumomi suka kai 589 a ƙasa baki ɗaya. Sannan 1996 Abacha ya sake ƙarawa suka zama 774, Kano 44 Jigawa 27, kuma duk sanda aka tsaga ƙaramar hukuma dole a sake yanka mazaɓu don sabuwar ta samu nata adadin kansiloli. A nan tsohuwar mazaɓar ta tarwatse, wasu ƙauyukan suka bi sabuwar ƙaramar hukuma, ragowar aka haɗa su da mu aka bar musu tsohon sunan saboda can dagacin yake. Kenan hotunan saman kalandar na wata mazaɓa ce da babu ita yanzu, mutum biyu a ciki ma garuruwansu ba sa cikin ƙaramar hukumarmu gaba ɗaya. Su kuwa mutanen gabas da wannan tsohon lissafin suke kafa hujja, mu ma da shi muke musu, kowa yana da gaskiya a bakinsa amma ba abu ɗaya ake ƙirgawa ba.

Don Allah duk wanda zai yi irin wannan aikin, kar ka tambayi dattijo "wa ya yi kansila", ka fara da "a ina kuka jefa ƙuri'a, kuma ina aka kai sakamakon". Rumfa ita ce ba ta ƙarya. Ka rubuta ƙauyukan da ke cikin mazaɓar a kowane zaɓe daban kafin ka rubuta sunan mutum ko ɗaya. Da wani ya faɗa min wannan da kuɗin yaran nan bai tafi a banza ba, abin da ke ci min rai kenan, don dattawan da na zauna da su sun sani sarai, kawai a wajensu abu ne da kowa ya sani.

Takarda kuwa kar ka sa rai sosai. Na je wani ofis aka ce fayilolin suna tsohuwar hedikwata, can kuma aka nuna min ɗaki da gara ta gama da shi. Ka kuma tuna tun daga tsarin mulkin 1999 zaɓen kansila a jihohi ba na INEC ba ne, na hukumar zaɓe ta jiha ne, JISIEC a nan, KANSIEC a Kano, to ka san inda za ka dosa tun farko kar ka ƙona mai a banza. Sai 'yan riƙon ƙwarya, waɗanda gwamna ya naɗa lokacin kantomomi, su ma har gobe "Honarabul" ake ce musu kuma iyalansu za su rantse maka zaɓensu aka yi. Ka ware musu shafi daban, ko da yake tun hukuncin Kotun Ƙoli na Yulin 2024 an ce wannan tsarin ya haramta.

Sabon jerin da na yi daga 1997 ya fara, lokacin da mazaɓar ta zama yadda take yau, a takardar fulsikaf kawai, na rantse ba zan sake kai komai wajen masu buga kalanda ba sai Baban nan ya duba. Da aka karanta a taro sai ga shi mu da gabas kusan kunnen doki ne, wani ƙaramin ƙauye da ke arewa da mu wanda ko bakinsu ba a ji a rigimar ba, su ne ba su taɓa samu ba ko sau ɗaya. Yanzu su suka ɗauki maganar, kwafin takardar ma sun zo sun karɓa.