Darussa daga aikin Curt Bois, ɗan wasan da hijira ta ƙwace wa harshe

Kayan aikin ɗan wasan kwaikwayo biyu ne, baki da jiki, kuma idan hijira ta kama shi jikin ne kaɗai ke tsallake iyaka lafiya. Duk mai nazarin 'yan wasan da suka bar Jamus bayan hawan Hitler mulki a 1933 zai ga haka a rayuwar Curt Bois. An haife shi a Berlin a 1901, ya hau dandali tun yana ɗan yaro, kafin ya cika shekara talatin ya zama gwanin barkwanci da birnin ke ji da shi. Bayahude ne, don haka ya fice. Ya isa New York a 1934, daga baya ya zarce Hollywood.

A nan aka ga inda gizo ke saƙa. Barkwanci ya dogara ne da ɗan shirun da ake yi kafin a saki kalmar ƙarshe, shirun da bai kai daƙiƙa ɗaya ba. Wanda ke laluben kalma a baƙon harshe sai shirun ya yi masa tsawo, raha ta mutu a bakinsa. Ga kuma karin harshe: jama'a su yi dariya tun a tsakiyar jimla saboda lafazin, kafin a iso wurin da aka shirya musu dariyar. Masu rabon matsayi kuwa da sun ji lafazin baƙo, sun gama yanke hukunci: mai kai abinci, tela, ɗan sane. Wani lokacin ma ɗan Nazi, kamar yadda Conrad Veidt, wanda shi ma gudun Nazi ya yi, ya fito a matsayin Manjo Strasser a fim ɗin Casablanca.

A wannan fim ɗin na 1942 Bois ɗan sane ne. Fitowar gajera ce, amma a dube ta da kyau. Yana gargaɗin wani Bature ya yi hattara da ɓarayin gari, ya dafa shi kamar mai tausaya masa, idon mutumin na kan fuskarsa, walat kuwa ta riga ta sauya aljihu. Maganar kaɗan ce, hannu da kafaɗa da murmushi suka ɗauki nauyin. Da irin wannan ya ci abinci a finafinai kusan arba'in.

Albert Bassermann, wani ɗan wasan Jamus da shi ma ya yi hijira, ya bi wata hanyar. Ya iso Amurka ya haura saba'in, Turancinsa ba na a-zo-a-gani ba, sai ya riƙa haddace sautin kalmomi. Har an sa shi cikin 'yan takarar lambar yabon finafinai ta Oscar saboda fim ɗin darakta Hitchcock na 1940. Sai dai dabarar na da haɗari ga wanda bai kai shi ba: abokin wasa ya sauya kalma ɗaya, mai haddar ya rasa inda zai shigo.

Komawa gida ma ba ta zo wa Bois da sauƙi ba. Ya sauka Berlin ta Gabas, ɓangaren 'yan gurguzu, a 1950, ya yi aiki da marubucin wasan kwaikwayo Bertolt Brecht, ya fito a wasan Brecht mai suna Puntila. Da ya koma ɓangaren Yamma a 1954, aka riƙa yi masa kallon ɗan gurguzu, ya yi shekaru aiki na wuyar samu, sai wajen ƙarshen shekarun 1950 ƙofa ta sake buɗewa, musamman ta hannun darakta Fritz Kortner, wanda shi ma daga hijira ya dawo.

A fim ɗin darakta Wim Wenders na 1987 Bois ya fito a matsayin Homer, tsohon mai ba da labari da ke yawo a wani fili mai ciyayi a gindin katangar Berlin yana neman Potsdamer Platz, dandalin da ya sani cike da motoci da gidajen shan kofi. Ya rasu a Berlin a 1991, yana da shekara 90.